Kundin kalmomin fage da fili

Asabar, 6 ga Janairu, 2024

Yau na sayi katin rubutu fakiti biyu da robar ɗaure kuɗi, na shimfiɗa tabarma na fara. Wani abokina da ke gabatar da shirin wasanni a wani gidan rediyo nan Kano ne ya ɗora mini aikin. Gasar cin kofin Afirka za ta fara a Kodebuwa ranar 13 ga wata, kuma yaran da ke taya shi fassara labarai kowa da irin Hausarsa. Wannan ya rubuta fenareti, wancan ya rubuta bugun daga kai sai mai tsaron gida, na ukun ya haɗa biyun a jimla ɗaya don kada a ce ya yi kuskure. Ya ce da ni, "Malam, ai wannan aikinku ne na malaman Hausa. Shafi biyu kawai nake so, Turanci a hagu, Hausa a dama." Na ce masa kwana uku ma ya yi yawa.

Kafin a kira isha'i na cika kati 60 da ka, ko ƙamus ban buɗe ba: mai tsaron raga, alƙalin wasa, bugun kusurwa, bugun tazara, satar gida, jan kati, hutun rabin lokaci, ƙarin lokaci, wasan dab da na ƙarshe. Na kwanta ina ganin aiki ya zo gangara.

Litinin, 15 ga Janairu

Jiya na tafi da katunana gidan kallo na bakin layinmu, Najeriya da Ikwatoriyal Gini. Niyyata duk kalmar da na ji an faɗa in yi mata alama. Aka ƙare minti 90, alama uku kacal na yi. Babu wanda ya ce alƙalin wasa. Rafali suke cewa, da sunan kuma suke zaginsa. Gola, kwana, ofsaid, firikik, canji. Da aka tashi ɗaya da ɗaya yaron da ke kusa da ni ya ja tsaki ya ce "duro", wani dattijo a bencin baya ya ce canjaras, na dawo gida na kunna rediyo sai ga kunnen doki. Kowa kuma ya gane na kowa.

Abin da ya fi tsaya mini a rai shi ne lokacin da Osimhen ya sa kai ya ci tamu, jim kaɗan bayan an ci mu. Ɗakin gaba ɗaya ya ɗauka: "Ya farke!" Babu wannan a katunana, don ni daga Turanci na taso ina neman Hausarsa, ita kuwa ba a fassaro ta daga ko'ina ba. Ɗinki ake farkewa. Sun ɗinka, mun warware musu. A cikin duhu na rubuta ta a bayan wani kati, rubutun duk a karkace.

Talata, 23 ga Janairu

Mun ci Gini Bisau ɗaya jiya, kuma ba ƙafarmu ce ta zura ba, ɗan bayansu ne ya ci gida. Ina rubuta "cin gida" sai na lura gida ya yi ta fitowa a katunan nan, na tsince su na jera a tabarma. Mai tsaron gida, satar gida, cin gida, wasan gida da na waje, ga kuma Kano Pillars da kirarinta na Sai Masu Gida. A bakin mai tsaron gida raga ake nufi. A satar gida, bayan 'yan bayan abokan karawa. A cin gida, ragarka ta kanka. A wasan gida kuwa garinku ne da filinku da jama'arku. In na sa gida a dama na ba shi kalmar Turanci ɗaya a hagu, na zalunci sauran.

Mahaifina, Allah ya jiƙansa, bai taɓa zama ya kalli ƙwallo ba, amma idan mutum ya ƙulla wa wani sharri abin ya komo kansa yakan ce dara ta ci gida. Yaran gidan kallo ba su san dara ba, ga shi suna cin gadonta.

Na sauya tsarin katin. Yanzu kalma a sama, a ƙasa kuma wane wasa ne, wa ya faɗa, a ina, sai jimlar ɗungurungum yadda ta fito daga bakinsa. Katuna 60 na farko duk sai an sake su.

Lahadi, 28 ga Janairu

Biyu da nema a kan Kamaru, duka Lookman ne ya ci. Na saurari tashoshi uku da safe, kuma dole in janye wani abu da na fara ɗauka a raina, cewa Hausar rediyo ta faye sanda. Wajen faɗin sakamako babu mai kama ƙafarsu: ɗaya mai ban haushi, biyu da nema, uku babu ko ɗaya, cin kaca, ruwan ƙwallaye. Kafin wasa za a kece raini, za a ɓarje gumi. Bayan wasa an doke, an lallasa, an casa. Casa dai ta masussuka ce, abin da ake yi wa shinkafa da gero. Wanda ya fara ɗauko ta ya kai ta filin ƙwallo ya san aikinsa.

Na kai wa abokina shafi biyunsa. Na ce masa ya riƙe wannan tukuna, amma ni ban gama ba.

Alhamis, 8 ga Fabrairu

Daren jiya da Afirka ta Kudu sai da ya tsufar da mutane. Troost-Ekong ya ci mana da fenareti, ana dab da tashi Osimhen ya ƙara ta biyu, mutane sun haye benci suna ihu, sai rafali ya ɗaga hannu. Aka soke tamu aka ba su fenareti a can ɗaya ragar, Mokoena ya farke. Ƙarin lokaci bai raba ba, aka je bugun daga kai sai mai tsaron gida, Nwabali ya tare biyu, Iheanacho ya rufe, huɗu da biyu.

A wurina bugun daga kai sai mai tsaron gida na cikin mafi kyawun abin da aka ƙirƙira a Hausar wasanni. Ko wanda bai taɓa ganin ƙwallo ba, ya ji ta ya ga hoton: kowa ya ja baya, saura mutum biyu. Sai dai kalma bakwai ce, kuma wanda zuciyarsa ke dukan uku-uku ba zai tsaya jera kalma bakwai ba. "Fenareti!" aka yi ta kururuwa. Don haka duka biyun za su shiga kundi, ɗaya da alamar rediyo da jarida, ɗaya da alamar gidan kallo. Matsalar rubutu ce ta rage. Na tarar da fenareti, fanareti, fenariti da fanariti, duk a rubuce, duk a kafafen da ake ji da su. Na ɗauki fenareti don ita na fi ji a Kano, sauran na jera su a ƙarƙashinta.

Ita kuma VAR, rediyo na cewa na'urar da ke taimaka wa alƙalin wasa. Mai shayin da ya leƙo ta taga cewa ya yi, "Shi ke nan, rafali ya tafi kallon talabijin." Na ba wannan kati nasa shi kaɗai.

Litinin, 12 ga Fabrairu

Jiya wasan ƙarshe da Kodebuwa. Mun ci, masu masauki suka farke ta hannun Kessié, Haller ya ƙara. Kofi ya zauna a Abijan. Ban iya rubuta komai a ɗakin ba. A hanyar dawowa na ji wani yana cewa "sun kashe mu", abokinsa ya ce "mun sha kaye dai". Kisa na dambe ne, kaye na kokawa. Wata guda ina tsintar kalmomin da aka aro daga fage, ban taɓa zuwa fagen da biro ba. Gasa ta ƙare, abokina ya gama da shafi biyunsa, daga nan aikin nawa ne.

Asabar, 24 ga Fabrairu

Gidan dambe na Ado Bayero Square a Sabon Gari, daga la'asar zuwa magariba. Na kunna waya ta ɗauki murya, na dawo gida na saurara, babu abin da ke ciki sai kalangu. Darasi: a gidan dambe kunne da biro ne abin dogaro.

Duk da haka na dawo da kati 34, kuma sun fi duk na baya nauyi. Ba a cewa za a yi wasa tsakanin wane da wane, cewa ake an sa zare. Zaren shi ne wanda ake naɗe hannun duka da shi bayan an rufe shi da ƙyalle, ɗaya hannun kuma a bar shi a buɗe, a miƙa shi gaba ana tarewa ana auna tazara. Kowane zagaye turmi ne. In hannun mutum ko gwiwarsa ya taɓa ƙasa an yi kisa, an kashe shi, ko da kuwa nan take ya miƙe yana dariya. In aka yi turmi uku kowa na tsaye sai a ce babu kisa, a raba su. Ban ji wanda ya ce canjaras ko kunnen doki ba, ko sau ɗaya. Ga ƙwallo ga dambe a gari ɗaya, mutanen ma kusan ɗaya ne, amma kowane fili da sunan da yake ba rashin nasara.

Turmi ya ba ni aiki. Akwai na daka, akwai na atamfa, ga na dambe. Da na ji wani ɗan kallo ya ce "kirɓa masa!" sai na ga ashe turmin dambe bai yi nisa da na tsakar gida ba. Kalmomin duka kuwa sai da hannuna ya gaji: nausa, gabza, mazga, zabga, ƙwala, shara. Kowace da nauyinta da inda take sauka, mai gabzawa daban da mai sharawa. Yadda zan bayyana bambancin a rubuce ba tare da na nuna da hannu ba shi ne abin da ke gabana.

Ɓangarori uku ne a fagen: Kudu, Guramada, da Arewa wadda ake kira Jamus. Sai sunaye. Da wuya ka ji an kira ɗan dambe da sunan yanka. Shagon wane, Autan wane, Bahagon wane, Dogon wane, Garkuwan wane, kowa an jingina shi da ubangidan da ya rene shi a dambe. Na nuna wa wani ɗalibina katin "Shagon wane" ya ce, "Malam, me ake sayarwa a ciki?" Bai san akwai wani shago ban da na tireda ba. Wannan kati zai buƙaci bayani mai tsawo.

Lahadi, 3 ga Maris

Mai naman da muke saye a wurinsa ya haɗa ni da wani tsohon mahauci da ya yi dambe a ƙuruciyarsa. Na same shi a rumfa yana gyara tsinken tsire. Na gaishe shi na ce, "Baba, kalmomin dambe nake tarawa." Ya dube ni ya dubi katunan ya ce, "Malam, da takarda za ka yi damben?"

Da ya saki jiki sai da na ƙarar da katunan aljihuna. Ya ce a zamaninsu dambe na rundawa ne, kuma sai kaka ta yi, amfani ya shigo gida, sannan a ɗauki makaɗa a bi gari-gari. Babu tikiti, babu katanga, fage ne a bakin kasuwa ko ƙofar fada. Daga bakinsa na samu take, wato kiɗan da makaɗi ke yi wa mutum shi kaɗai, wanda in ya ji shi tsuma ke tashi. Na samu kirari, laya, kambu, guru, da akayau na ƙarfe da ake ɗaurawa a ƙafa. Ya gyara mini ajo, wanda na rubuta a matsayin gasa. Ya ce a'a, ajo wasa ne da ake shirya wa mutum guda, ɗan dambe ko makaɗi, don a tara masa abin hannu, ko zai yi aure ko wata hidima ta taso masa. Gasa kuwa ita ce irin damben mota na yanzu, wanda ake ba gwarzonsa mota.

Na tambaye shi mashi da garkuwa, don duk rubutun Turanci da na gani a kan dambe da su yake farawa, hannun duka mashi, na tarewa garkuwa. Ya ce ya san su, amma shi dai hannun zare yake cewa. Na rubuta duka biyun, kowanne da inda na samo shi.

Da na ambaci Shago, wanda Ɗan Anace ya yi wa waƙa, sai ya ajiye wuƙar. Abin da ya biyo baya minti 40 ne na labari, babu kalma sabuwa ko ɗaya a ciki, ban kuma katse shi ba.

Asabar, 9 ga Maris

Na kira wani yayanmu da ke zaune a Maraɗi saboda kokawa. Tun kalmar farko muka saɓa. Ya ce, "Kai dai rubuta kokowa, mu nan hilin kokowa muka sani." Kokawa, kokowa, kokuwa: kan kati ɗaya za su hau, kowace da yankinta.

A Nijar abin ya wuce wasan kaka. Gasar ƙasa ce da ake kira Takobi, don takobi ake miƙa wa wanda ya kayar da kowa, shi ne sarkin kokowa na shekara. An fara ta a Tawa a 1975, Kantu na Maraɗi ya ɗauki na farko, abin da Yaya ya maimaita mini sau uku don kada in manta. Jihohi takwas ke zuwa, kowace da 'yan kokowa goma. A Agadas aka yi ta Disamban 2023, Issaka Issaka na Dosso ya ɗauki takobinsa na shida. Saboda haka a bakin mutumin Nijar "ya ɗauki takobi" daidai yake da "ya ci kofi" a bakinmu. Ya ba ni cali-cali, masu ban dariya da ke shiga fili tsakanin karawa suna kwaikwayon 'yan kokowa. Ya ba ni kaye, taɗiya, sunkuta. Ƙwallo kuma ya ce balo, ƙungiya ekip, don su Faransanci suka ara inda muka ari Turanci. Wannan ya ƙara mini layi ɗaya a kowane kati na ƙwallon ƙafa, kuma yawancinsu a buɗe suke har yanzu.

Kaye ma ya bar fili tuntuni. Duk shekarar zaɓe sai ka ji wane ya sha kaye, wane ya kayar da wane, ko a bakin wanda bai taɓa ɗaura walki ba.

Asabar, 23 ga Maris

Azumi 13. Aiki ya ja baya, ƙarfi sai bayan tarawihi. Na zauna sau biyu da masu dara a gindin dalbejiyar bayan masallaci, bayan la'asar, lokacin da kowa ke neman abin da zai kai shi magariba.

Gurbi 30 a ƙasa, layi biyar na shida-shida, kowa da 'ya'ya 12, wannan tsinke wancan tsakuwa. A fara zubawa ɗaya bayan ɗaya, sannan a shiga turawa. Wanda ya jera uku a miƙe ya ci, ya ɗauke ɗan abokinsa guda. Wannan duk da ido na gane shi, don masu dara ba sa magana. Awa ɗaya na zauna, abin da ya fito daga bakin 'yan wasan bai wuce "uhm" da "taɓa" ba. 'Yan kallo ne masu baki, su kuma habaici suke yi wa juna. Kati bakwai na samu a zama biyu. Ɗaya daga cikinsu gida ne kuma, don wasu gurbin suke kira gida. Katin gida yanzu ya zama uku a ɗaure da roba.

Asabar, 20 ga Afrilu

Bayan Sallah na kai katuna wajen 300 wani shagon kwamfuta a buga mini su, don rubutun hannu ya fara fin ƙarfina. Yau na karɓo. Yaron ya cire duk wata lanƙwasa. Ƙwallon ƙafa ta koma kwallon kafa, ɓarje gumi ya koma barje, ɗan dambe ya koma dan. Da na nuna masa sai ya ce, "Malam, ai kowa zai gane." A labarin wasanni wataƙila a gane. A kundin kalmomi kuwa, inda dara da ɗara, kafa da ƙafa, kare da ƙare ke zaune kusa da juna, lanƙwasar ita ce aikin. Ya yi ƙoƙarin gyarawa a gabana, ya sa kwamfuta ta mayar da kowane k ya zama ƙ, sai ga ƙoƙawa da ƙalangu.

Na biya shi kuɗinsa na karɓi fayil ɗina. Na sa madannin Hausa a waya, zan riƙa gyara 20 kullum bayan asuba. Ina dubawa da ƙamusun Bargery na 1934 da Ƙamusun Hausa na Jami'ar Bayero na 2006 duk inda na yi kokwanton rubutu.

Asabar, 4 ga Mayu

Ɗan maƙwabcina na zuwa koyon tekwando, yau na bi shi. Ɗaki ne mai faɗi, tabarmar roba a ƙasa, yara wajen 20 cikin fararen kaya. Mai koyarwar Bahaushe ne, yaran Hausawa, amma ƙidayar da Koriyanci ake yin ta: hana, dul, set, net. In za a fara ya ce shijak, in za a rabu ya ce kalyo. Yaro ɗan shekara takwas da bai san inda Koriya take ba ya san hong ja ne, cong shuɗi. A ɗakin 'yan kareti na gefe kuma Japananci ne, ici, ni, san.

Na tambayi mai koyarwar ko ya taɓa tunanin mayar da su Hausa. Ya ce, "Malam, in na kai yaro gasa Legas ko Yamai alƙali da Koriyanci zai yi masa magana. In na koya masa 'fara' na cuce shi." Na yarda da shi, ban kuma ga abin fassarawa a nan ba. Zan rubuta su yadda ake furta su a ɗakin, in faɗi harshen da suka fito.

Hausar tana wurin gyara. Da yaro ya yi kuskure Koriyanci ke ƙarewa: "Ɗaga gwiwar! Juya ƙugu! Hauri na ce, ba shuri ba!" Na tsayar da shi a kan wannan. A wurinsa hauri mai tashi sama ne da ƙarfi, shuri kuma tura ƙafa ne kawai. Ban taɓa raba su haka ba, na rubuta da sunan ɗakinsa. Yaran na ce masa Masta. Ɗamara kuma bel ce, farin bel, baƙin bel. Na tuna yaron shagon kwamfuta, da a hannunsa ne da ya zama bakin bel.

A bango akwai hoton Abdoul Razak Issoufou Alfaga na Nijar, wanda ya ci azurfa a tekwando a gasar Olamfik ta Riyo a 2016. Kafin shi lambar Olamfik ɗaya Nijar ke da ita, tagullar da Issaka Daboré ya ci a damben zamani a Munik a 1972. Shi ma damben zamani suna ne da ya kamata in tsaya a kansa: da boksin ya zo sai aka ce masa na zamani, namu kuma ya wayi gari ana ce masa na gargajiya, alhali da dambe ne kawai.

Mu da muka tashi da finafinan sinima, duk wannan faɗan Canis muke ce masa, ko na Japan ne ko na Koriya. Na sa shi a kati da alamar "tsofaffin yara".

Asabar, 18 ga Mayu

Uwargida ta ɗauki ɗaurin katunan tana juyawa, ta ce, "Malam, wato mata ba sa wasa ke nan?" Na duba, gaskiyarta. Wata huɗu ina aiki, babu carafke, babu 'yar gala-gala, babu gaɗa. Ta kira 'yan matan gidan suka zana gala-gala da gawayi a tsakar gida, ni kuma na zauna a kan turmi, na daka, ina rubutu. A nan wadda ta taka layi ta faɗi, ko da tana tsaye cak. Ɗakunan da aka zana kuma gidaje ne. Ban ce komai ba, na ƙara kati na huɗu a ɗaurin gida. Waƙoƙin gaɗa na bar su, wannan wani kundi ne daban, kuma ita ta fi ni cancantar yin sa.

Da yamma na tsaya wajen yaran da ke langa a filin makaranta. Ƙafa ɗaya a riƙe ta baya, ana tsalle ana ture juna, wanda ya saki ƙafa ko ya faɗi ya mutu. Kisa da mutuwa dai suna bin mu duk inda muka je. Malamin motsa jiki na makarantarmu ya ce a gasar hukuma langa iri uku ce, ruwa, tureshi da kawoshi. Biyun ƙarshe sun burge ni: ihun 'yan kallo ne, ture shi, kawo shi, aka manne su suka zama suna.

Asabar, 1 ga Yuni

Inda aka kwana: kati 412, an buga 350 da lanƙwasarsu daidai. Ƙwallon ƙafa ta fi yawa, dambe na bi mata. Kokawa ba ta kai yadda nake so ba, don ta waya na same ta, sai na je na zauna a fili da kaina, wataƙila in kaka ta yi. Sharo kati biyu ne kawai, sharo da shaɗi, kuma ba zan ƙara ba sai na samu Bafulatanin da ya taɓa tsayawa aka zuba masa bulala. Dawaki ban taɓa su ba. Babbar Sallah saura mako biyu, zan bi masu hawa in ji sukuwa da kilisa a bakinsu, in hali ya yi kuma in leƙa Katsina saboda holo, wanda rediyo ke kira ƙwallon dawaki.

Leda ma na jiran hukunci. Daga kalmar Turanci ta fata aka aro ta, yau kuma jakar roba ce ta zuba kaya, sai a taka leda kaɗai tsohuwar ma'anar ta maƙale. Ko in ba ta kati nata, ko in bar ta a ƙarƙashin tamaula.

Abokina na rediyo ya kira ɗazu. Yau da dare Real Madrid da Dortmund a Wembley, wasan ƙarshe na Zakarun Turai, yana tambaya wanne ya fi, zakara ko gwarzo. Na ce masa ƙungiya zakara, mutum ɗaya gwarzo, haka na fi ji. Ya ce to mace fa, in ta lashe gasa? Na ce ya ba ni zuwa gobe. Na zuba kati goma a aljihu, da ɗan tocila wannan karon.